Barkwancin Kasuwa Ya Koma Wayar Salula, Amma Ƙa'idarsa Ba Ta Bi Shi Ba

LEGAS — 'Yan kasuwar Arewa da suka yi zama a Alaba Rago da ke Ojo, ko a mayankar Oko-Oba ta Agege, sun san cewa da wuya a ƙulla ciniki ba a fara da zolaya ba. Wannan al'ada tana da tushe a wasannin barkwanci na gargajiya: Bakano da Bazazzagi, Bafulatani da Babarbare, Bakatsine da Banufe. Akwai kuma wasan Gobirawa da Yarbawa, wanda ya fi kowanne amfani ga baƙo a Ikko. A 2014 ne hukumar UNESCO ta sanya irin waɗannan wasanni na Jamhuriyar Nijar cikin kayan gadon bil'adama.

Amfaninsa ga sana'a a fili yake. Galibin cinikin dabbobi da kayan gwari bisa amana ake yinsa, ba takarda, ba sa hannu. Dillalin da ya riƙe kuɗin shanu fiye da wa'adi, abokin wasansa zai iya kiransa ɓarawo a gaban jama'a, a yi dariya, shi kuwa ya gane an tuna masa bashi ba tare da an kai ƙara wurin Sarkin Hausawa ba. Sharaɗin shi ne su biyun sun san juna, masu sauraro kuma sun san wasa ne.

Wannan sharaɗi ne ke faɗuwa idan yaron shago ya ɗauki abin da waya ya sa a TikTok ko Facebook. Mai aiko da kaya daga Sakkwato bai ji abin da ya gabata ba, kalmar ɓarawo kawai ya ji, kuma yana iya fasa aiko da mota ta gaba. Doka ma ba ruwanta da taubasantaka. A watan Nuwamba na 2022 wata kotun majistare a Kano ta yanke wa wasu matasa biyu masu barkwanci a TikTok bulala 20 kowannensu, da tarar naira 10,000, da sharar harabar kotu ta kwana 30, saboda ɓata sunan gwamnan jihar na lokacin.

Bidiyon raha yana jawo masu saye, ba shakka, kuma talla ce mai araha. Maigidan shago dai ya kamata ya gani kafin a saki, a kuma nemi yardar duk wanda aka ambaci sunansa ko aka nuna rumfarsa.