Amsa-kuwwar Ƙirji: Yadda Likita Ke Karanta Huhu a Bakin Gado

Duk wanda ya taɓa jinyar mai numfashi sama-sama ya san babu daren da ya kai wannan tsawo, domin yunwa ana jure mata kwanaki, ƙishirwa ana jure mata yini, amma numfashi idan ya ƙuntata ba ya yi wa mutum jinkiri. Abin da ya fi tsananta al'amarin ga likita kuwa shi ne, cututtuka da dama waɗanda asalinsu ya sha bamban, maganinsu kuma ya saɓa wa juna, a zahiri da kama guda suke zuwa: mutum a zaune ya dafe gado, gumi na karyo masa, yana haki. Wanda zuciyarsa ta gaza har ruwa ya taru masa a huhu, maganin sa fitsari yake bukata don a rage ruwan. Wanda limoniya ta kama, sau da yawa ruwan ma za a ƙara masa ta jijiya tare da maganin kashe ƙwayoyin cuta. Wanda kuwa iska ta ɓalle daga huhunsa ta cika kogon ƙirji ta danne shi, babu abin da zai cece shi, bayan ikon Allah, sai a huda ƙirjin a saki iskar. Idan aka yi wa wannan maganin wancan, garin neman gira sai a rasa ido.

Likitoci sun daɗe suna neman dabarar sanin baɗinin ƙirji daga zahirinsa. A shekarar 1761 Leopold Auenbrugger, wani likita na ƙasar Ostiriya, ya wallafa bayanin yadda ake ƙwanƙwasa ƙirji da yatsa a gane inda iska take da inda ruwa yake, kamar dai yadda uwargida ke ƙwanƙwasa randa ta san iyakar ruwan da ya rage. A 1816 René Laennec ya naɗe takarda a wani asibiti na Faris ya ɗora a ƙirjin majinyaciya ya saurara, daga nan abin sauraron da likitoci ke ratayawa a wuya ya samo asali. A 1895 kuma Röntgen na Jamus ya gano hasken da ake ɗaukar hoton ƙirji da shi. Sai dai hoton ƙirji yana da sharuɗɗa masu nauyi ga mai haki, saboda sai an ɗauke shi daga gadonsa an tura shi wani ɗaki, sai da wuta, sai da mai ɗauka, idan kuma a kwance aka ɗauke shi, hoton kan ɓoye abin da ake nema.

Na'urar da za mu yi magana a kanta kuwa wata ce daban, kuma ba baƙuwa ba ce, ita ce wadda mata ke kira sikanin idan sun je awon ciki. Aikinta shi ne ta aika sauti mai siririn amo, wanda ya wuce abin da kunnen ɗan Adam ke iya ji, ya ratsa nama da gudun kimanin mita 1,540 a daƙiƙa, sannan ta saurari amsa-kuwwar da ke dawowa ta mayar da ita hoto. Sautin yana son ruwa da nama, shi ya sa jariri a mahaifa ke fitowa sarai. Amma da ya tarar da iska sai kusan dukkansa ya juyo da baya. Tun da huhu kuwa jakar iska ne, sai manyan malaman likitanci suka yanke hukunci, suka kuma rubuta a littattafansu, cewa wannan na'ura ba ta da amfani a huhu, layukan da ke bayyana a allonta kuma rikicin na'ura ne wanda bai cancanci a dube shi ba. Hujjarsu ta farko gaskiya ce, ƙiyasin da suka gina a kanta ne ya kauce.

Abin sha'awa, likitan dabbobi na cikin waɗanda suka fara nuna hakan, domin a 1986 Norman Rantanen na Amurka ya bayyana yadda ake gane iskar da ta ɓalle a ƙirjin doki da wannan na'ura. Amma wanda ya mayar da al'amarin fanni mai ƙa'idoji shi ne Daniel Lichtenstein, likitan sashen masu matsanancin ciwo a asibitin Ambroise-Paré da ke gefen Faris, wanda tun 1989 ya riƙa ɗora na'urar a ƙirjin majinyatansa, yana kwatanta abin da ya gani da abin da ya tabbata daga baya, har ya gane cewa layukan nan da aka raina ba su zuwa barkatai, kowace cuta da irin rikicin da take haddasawa. A ganina wannan ita ce babbar hikimar fannin, cewa ba huhun kansa ake kallo ba, sawun da ya bari ake bi, kamar yadda maharbi ke sanin naman da ya ratsa fadama alhali bai gan shi ba.

Ga yadda karatun yake. Likita zai shafa ɗan mai a kan na'urar ya ɗora ta a tsaye bisa haƙarƙari biyu, sai inuwar ƙasusuwan biyu ta fito dama da hagu, a tsakaninsu kuma, ƙasa kaɗan, wani farin layi mai haske. Wannan siffa ita suke kira alamar jemage, ƙasusuwan su ne fikafikai. Farin layin shi ne tantanin huhu, wanda ninki biyu ne, ɗaya ya lulluɓe huhu ɗaya ya shimfiɗe a bangon ƙirji, kuma a mai lafiya suna gogar juna da kowane numfashi, har a ga layin yana ƙyalli yana motsi tamkar jerin tururuwa. Matuƙar an ga wannan zamiya, to lalle babu iskar da ta shiga tsakanin ninkin biyu a wannan wuri. A ƙarƙashinsa za a ga wasu layuka a kwance, tazararsu daidai wa daida, waɗanda amsa-kuwwa ce kawai ke maimaita kanta. Sunansu layukan A, ma'anarsu kuma iska ce zalla, wato huhu busasshe.

Idan ruwa ya fara jiƙa saƙar huhu, sai hoton ya sauya. Wasu fararen layuka za su taso daga tantanin su miƙe a tsaye har ƙarshen allo, suna shafe na kwancen, suna kaiwa da komowa tare da numfashi, kamar hasken rana da ya ratso ɓular rufin ɗaki mai ƙura. Waɗannan su ne layukan B, kuma ɗaya ko biyu ba abin damuwa ba ne, amma uku ko fiye a tsakanin haƙarƙari biyu, a wurare da yawa, dama da hagu, ga mutumin da haki ya taso masa farat ɗaya, shaida ce mai ƙarfi cewa zuciya ce ta gaza. Limoniya kuwa takan kori iskar wani yanki ta cika shi da ruwan ciwo, sai sautin ya sami hanyar shiga, a ga yankin ya yi kama da hanta, da ɗigon farare a ciki inda sauran iska ta maƙale a bututun numfashi. Laennec ma da hanta ya kwatanta irin wannan huhu lokacin da yake binciken gawa, kuma kowane mahauci zai fahimci kwatancin. Ruwan da ya taru a kogon ƙirji baƙi wuluk yake fitowa, a can baya ta ƙasa ake nemansa, domin mai kwance rigingine ruwansa baya yake gangarawa, iskarsa kuma gaba take tasowa.

Mas'alar iskar da ta ɓalle tana bukatar taka-tsantsan. Rashin ganin zamiya zato ne kawai yake bayarwa, domin tsohon ciwon da ya manne tantanin ma yana hana ta. Abin da ke kai likita ga yaƙini shi ne ya bi da na'urar zuwa gefen ƙirji har ya tarar da iyaka, inda huhu ke leƙowa idan an ja numfashi ya ɓace idan an sake shi. Lichtenstein ya bayyana wannan alama a shekarar 2000.

A 2008 shi da abokin aikinsa Gilbert Mezière suka haɗa alamomin cikin tsari guda mai suna BLUE, wanda ake gamawa cikin 'yan mintuna, suka jarraba shi a kan majinyata 260, ya dace da haƙiƙanin cutar a kashi 90.5 cikin ɗari. A 2012 masana daga ƙasashe da dama suka fitar da matsaya ta bai-ɗaya a kan fannin, wato aka sami sabon ijma'i a madadin na da, kuma lokacin annobar korona a 2020 likitocin Italiya sun dogara da shi ƙwarai. Duk da haka wajibi ne a faɗi iyakarsa: ciwon da ke can tsakiyar huhu bai taɓo tantani ba, na'urar ba ta ganinsa, layukan B suna fitowa a wasu cututtukan ban da na zuciya, mai asma kuwa hotonsa kan fito kamar na mai lafiya, sai an haɗa da tarihinsa da abin da kunne ya ji. Uwa-uba, alamomin ba su karantuwa sai ga wanda ya zauna gaban malami ya ga ƙirji da yawa ana yi masa gyara, domin wanda ya ɗauki karatun daga littafi kaɗai yana iya huda ƙirjin da bai kamata a huda ba.

Dalilin da ya sa na ga wannan magana ta shafe mu shi ne, bisa ƙididdigar Asusun Yara na Majalisar Ɗinkin Duniya, limoniya ta kashe yara 'yan ƙasa da shekara biyar kimanin 162,000 a Nijeriya a 2018, adadin da babu ƙasar da ta kai shi a duniya. A yawancin ƙananan asibitocinmu da ƙirga numfashi ake gane ta, 50 a minti ga jariri daga wata biyu zuwa goma sha ɗaya, 40 ga wanda ya shekara har zuwa biyar, kuma dabara ce da ta ceci rayuka, sai dai zazzaɓin cizon sauro ma yana sa yaro haki. A nan na'urar za ta yi amfani, domin ƙirjin yaro siriri ne, sautin na ratsa shi cikin sauƙi, babu kuma hasken da ke cutarwa, ana iya duba shi yana kan cinyar uwarsa.

Sai kuma masu jego. Tun a shekarun 1970 likitoci biyu, Davidson da Parry, suka bayyana yawan gazawar zuciya bayan haihuwa a Zariya, suka danganta ta da kunun kanwa da wankan jego da kwanciya a gadon wuta, ko da yake masu bincike na baya ba su sallama wannan dangantawa gaba ɗaya ba. Cutar dai tana nan a ƙasar Hausa, kuma mai jegon da ta zo da tari da haki da kumburin ƙafa, abu ne mai sauƙi a ɗauka sanyi ne ya kama ta, alhali layukan B za su iya bayyana gaskiyar cikin minti biyu ko uku. Na'urar da za ta yi wannan aiki kuwa, a asibitoci da yawa, ita ce wadda aka duba cikinta da ita watanni kaɗan da suka wuce, tana nan a ɗakin awo, an kulle ta tun da aka tashi daga aiki da azahar.