Lissafin Matuƙan Teku a Sararin Samaniyar Karmo

Karmo ta Abuja ba ta da teku, kuma yawancin masu hada-hada a kasuwarta ba su taɓa shiga jirgin ruwa ba. Duk da haka, lissafin da matuƙi ke yi a tsakiyar tekun Atlantika don ya san inda yake, shi ne ladanin unguwa ke dogara da shi kafin ya kira Azahar, shi ne kuma magini ke buƙata kafin ya kafa alƙiblar masallaci. Tushensa abu guda ne: rana da wata da taurari suna ɓullowa daga gabas su faɗa yamma bisa tsari da ba ya saɓawa. Wanda ya gane wannan tsari yana da agogo da taswira a bisa kansa, don haka bai kamata mu bar iliminsa ya mutu a hannunmu ba.

Abin da ido ke gani kamar tafiyar sama, jujjuyawar duniya ce daga yamma zuwa gabas. In aka auna da rana, tana cika digiri 360 cikin awa 24, wato digiri 15 a kowace awa, digiri ɗaya a minti huɗu. Shi ya sa mutumin Maiduguri ke shan ruwa da azumi kimanin rabin awa kafin na Sakkwato, domin tsakaninsu akwai wajen digiri takwas. Taurari kuwa suna kammala zagayensu cikin awa 23 da minti 56, saboda haka kowane dare suna rigan jiya fitowa da minti huɗu, a wata guda ya zama awa biyu. Dalilin ke nan da Kaza da 'Ya'yanta kan haskaka da almuru a lokacin hunturu, ta ɓace gab da faɗuwar damina, daga baya ta sake bayyana da asuba. Manoman da suka riƙa auna shekara da ita sun san abin da suke yi.

Tauraro ɗaya ne kusan ba ya gusawa, wato tauraron arewa, domin yana daidai saitin sandar da duniya ke juyawa a kai. Tsayinsa daga inda sama ta haɗu da ƙasa shi ke nuna nisan mutum daga layin da ya raba duniya biyu, arewa da kudu. A Karmo wajen digiri tara ne: in ka miƙe hannu ka dunƙule shi a daren da babu hazo, ka ɗora ƙasan dunƙulen a bakin sama ta arewa, tauraron zai zauna kusa da samansa. A Kano ya kai digiri 12, a Agadas kusan 17. Da irin wannan awo Ahmad bin Majid, matuƙin Larabawa na ƙarni na 15, da takwarorinsa suka ratsa tekun Indiya, suna amfani da ɗan allo mai igiya da ake kira kamal. Sanin gabas da yamma ya fi wuya, don sai da agogo mai riƙe lokacin wani wuri sananne, kamar Greenwich ta Ingila. John Harrison na Ingila ya kammala irinsa a 1759, aka kuma fara littafin jadawalin taurari na matuƙa da shekarar 1767. Ana iya jarraba hikimar a tsakar gida: a kafa sanda a miƙe, a lura da lokacin da inuwarta ta fi gajarta. A Karmo zai kama wajen ƙarfe 12:30, da ɗan gaba ko baya gwargwadon watan, lokacin da agogon Greenwich ke nuna 11:30. Ranarmu ta riga ta Greenwich take tsaka da rabin awa, wato muna digiri bakwai da rabi gabas da ita. Kuskuren daƙiƙa huɗu a agogon matuƙi kan kauce masa da kusan kilomita biyu.

Wani zai ce wayar hannu ta ɗauke mana wannan wahala. Gaskiya ne GPS ya fi sauri, ya fi daidaito. Amma batir na mutuwa, kuma ana iya toshe saƙon tauraron ɗan'adam ko a gurɓata shi, abin da ya sa makarantar sojojin ruwan Amurka ta dawo da koyar da tuƙi da taurari a 2015 bayan ta yi watsi da shi. Wanda bai san tushen lissafi ba, ba zai gane ranar da na'ura ta yi masa ƙarya ba. Wani kuma zai ji tsoron cewa wannan duba ne. Bambancin a fili yake: mai duba yana da'awar sanin gaibu, mai awo kuwa yana auna abin da kowa zai iya sake aunawa ya gaskata ko ya ƙaryata. Suratul An'am ta ambaci taurari a matsayin abin gane hanya ga matafiyan tudu da na teku. Madugai sun bi su da ayari daga Agadas zuwa Bilma, kuma Muhammad al-Kashinawi, malamin Katsina da ya rasu a Alƙahira a 1741, ya yi suna ne a fagen lissafi da falaki.

Amfanin ilimin yana kusa da mu. Alƙiblar Abuja tana wajen digiri 65 daga arewa zuwa gabas, ba gabas sak ba kamar yadda mutane da yawa ke ɗauka. A ranar 27 ko 28 ga Mayu da ƙarfe 10:18 na safe agogon Najeriya, da kuma 15 ko 16 ga Yuli da ƙarfe 10:27, rana tana tsaye a kan Ka'aba, duk wanda ya fuskance ta ya fuskanci alƙibla. Malaman Islamiyya da na boko a Karmo da Gwagwa da Idu za su iya fito da ɗalibai fili a waɗannan ranaku da sanda da igiya, su ja layin inuwa, su gwada shi da sahun masallacin unguwa. Darasi ne da ba ya cin ko kwabo, kuma yaron da ya yi shi sau ɗaya ya riga ya fara karatun matuƙin jirgi.