Gatari da Gungume: Sassaƙar Manoman Ƙasar Finlan

A wannan maƙala za mu dubi yadda manoman Finlan na dā suka sarrafa itace domin bukatun gona. Daji ya rufe kimanin kashi 3 cikin 4 na ƙasar, saboda haka ɗaki da rumbu da shinge duk daga itace suka fito, kuma galibi manomin shi ne masassaƙin kansa.

Abin da ya fi jan hankalinmu shi ne fifikon da suka bai wa gatari a kan zarto, alhali kuwa akwai masana'antun yanka katako masu aiki da ƙarfin ruwa a ƙasar tun ƙarni na 16. A ganinmu wannan ba ci-baya ba ne, sanin halin itace ne. Zarto yakan yayyage zaren itace, ya bar fuskarsa a buɗe tana shan ruwa. Shi kuwa faffaɗan gatarin da suke kira piilu, wanda aikinsa ya yi kusa da na gizagon masassaƙanmu, yakan datse zaren ne ya danne shi, sai fuskar ta yi santsi, ruwan sama ya riƙa zamewa. A ƙasa mai yawan danshi, wannan yana ƙara wa gini tsawon rai.

Akan sare itatuwan ne da hunturu, a ɓare su, su bushe. Wajen gini, sai a fafe cikin kowane gungume bisa tsawonsa yadda zai hau bayan na ƙarƙashinsa daram, a cusa gansakuka a tsakani don tare iska, sa'an nan a sarƙe kusurwoyi. Da haka ake gina riihi, wato ɗakin da ake busar da hatsi da zafin wuta da hayaƙi kafin sussuka, domin lokacin zafi gajere ne, hatsi ba ya bushewa a gona.

Shinge ma ba ya bukatar ƙusa. Akan kafa turaku biyu-biyu, a jera sanduna a karkace tsakaninsu, a ɗaure da rassan itacen kuusi waɗanda aka gasa a wuta aka murɗa har suka yi laushi kamar igiya.

Ana iya ganin irin waɗannan gine-gine a gidan tarihi na tsibirin Seurasaari da ke Helsinki, wanda Axel Olai Heikel ya kafa a 1909, inda aka kwaso su daga ƙauyuka aka sake harhaɗa su gungume bayan gungume.