Yadda Gidan Rediyon WPLJ Ya Koma Waƙoƙin Kirista

A birnin Niyok na ƙasar Amurka akwai gidan rediyo wanda aka raɗa wa suna WPLJ a shekarar 1971. Shekara 48 ya yi yana sa wa mutanen birnin waƙoƙin zamani, har ran 31 ga Mayu, 2019, da ma'aikatansa suka yi ban kwana da masu sauraro. A yammacin nan waƙoƙin Kirista suka maye gurbi.

Kada mai karatu ya zaci masu gidan ne suka shiga wa'azi. Ciniki ne. Kamfanin Cumulus, wanda bashi ya yi wa katutu, shi ya sayar da shi tare da wasu gidaje biyar kan dala miliyan 103.5 ga wata ƙungiyar Kirista mai shirin K-Love.

Mu dai abin da ya fi jan hankalinmu shi ne, wannan ƙungiya ba da kuɗin talla take rayuwa ba, gudummawar masu sauraro ce ke ɗauke da ita. Kuma shiri ɗaya take watsawa ƙasa baki ɗaya, saboda haka muryoyin da 'yan Niyok suka saba ji da asuba suka ɗauke.