Umarnin wucin gadi a ƙarar ladabtar da ma'aikaci

Umarnin wucin gadi wani umarni ne da kotu ke bayarwa kafin ta yanke hukunci a kan ainihin ƙara, domin a bar al'amura yadda suke har a gama shari'a. A harkar aiki, ma'aikacin da aka dakatar, ko aka rage masa matsayi, ko ake shirin korarsa, yakan nemi irin wannan umarni don a tsayar da hukuncin kafin kotu ta duba ko an bi ƙa'ida. A Najeriya neman sa abu ne mai sauƙi, samun sa ne ke da wuya.

Kotun da ke da hurumi

Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ce ke sauraron irin waɗannan ƙararraki. (Ba ita ce kotun ɗa'ar ma'aikata ba, wadda ke duba batutuwa irin su bayyana kadarori, ana yawan haɗa su.) An kafa ta a 1976, sannan gyaran tsarin mulki na uku, wanda ya fara aiki a 2011, ya keɓe mata rikicin aiki da ƙwadago a sashe na 254C. Sashe na 19 na dokar kotun ta 2006 ya ba ta ikon bayar da umarnin gaggawa.

Ke nan malamin firamare ko ma'aikacin lafiya a ƙaramar hukumar Sule Tankarkar, ko Gumel, Maigatari da Gagarawa a jihar Jigawa, ba zai kai ƙorafin dakatarwa kotun majistare ko babbar kotun jiha ba. Sai ya nufi Kotun Ma'aikata, wadda ke da reshe a Kano.

Iri biyu

Akwai umarnin da ake nema ba tare da an sanar da wanda ake ƙara ba. Ba a bayar da shi sai in akwai gaggawa ta haƙiƙa, kuma na 'yan kwanaki ne kawai. Na biyu shi ne wanda ake bayarwa bayan an ji ta bakin kowane ɓangare, kuma yakan tsaya har ƙarshen shari'a. Kotun Ƙoli ta fayyace bambancin su a shari'ar Kotoye da Babban Bankin Najeriya ta 1989, inda ta nuna cewa wanda ya yi jinkiri da kansa ba zai zo daga baya ya ce abin na gaggawa ne ba.

Abin da alƙali ke dubawa

Mai nema zai gabatar da takardar rantsuwa da ke nuna cewa yana da haƙƙi na doka da ake shirin tauyewa, kuma ƙararsa na ɗauke da batu mai nauyi da ya cancanci a saurara. Sai alƙali ya auna wanda zai fi cutuwa: ma'aikaci in an hana umarnin, ko ma'aikata in an bayar. Akan kuma buƙaci mai nema ya ɗauki alƙawarin biyan diyya in ta bayyana daga baya cewa bai cancanci umarnin ba. Tushen waɗannan sharuɗɗa yana cikin dokar Ingila, musamman shari'ar American Cyanamid ta 1975.

Inda mafi yawan ma'aikata ke faɗuwa shi ne batun diyya. In kuɗi zai iya gyara ɓarnar, kotu ba ta cika bayar da umarnin ba. Albashin da aka riƙe kuwa kuɗi ne, ana iya lissafa shi a biya bayan hukunci. A idon doka hujjar ta tsaya, amma ga magidancin da zai shafe shekara ɗaya ko biyu ba albashi, kuɗin da za su zo daga baya ba za su ciyar da iyali yau ba. Wasu lauyoyi kan yi ƙoƙarin nuna wata hasarar da kuɗi ba ya mayarwa, kamar fitar da mutum daga gidan ma'aikata ko naɗa wani a kujerarsa.

Cikas na biyu shi ne lokaci. Kotu ba ta hana abin da an riga an aikata. In takardar kora ta riga ta fita, abin da ma'aikaci ke nema a gaskiya shi ne a mayar da shi bakin aiki, wannan kuwa shi ne ainihin ƙarar, kuma alƙali ba ya yanke ainihin ƙara tun a matakin farko. Haka kuma kotuna ba sa son tsayar da bincike ko kwamitin ladabtarwa, domin ma'aikata na da ikon ba ma'aikacinta takardar tuhuma ta kuma saurare shi.

Nau'in aikin ma yana da tasiri. Wanda doka ta tsara yadda za a ɗauke shi da yadda za a sallame shi, kamar ma'aikacin gwamnati da aka tabbatar, kotu na iya mayar da shi aiki in an saɓa ƙa'ida, kamar yadda ya faru a shari'ar Olaniyan da Jami'ar Legas a 1985. A aikin kamfani kuwa, tsohuwar ƙa'ida ita ce ba a tilasta wa mai kamfani ya riƙe wanda ba ya so. Diyya kawai ake biya.

Misalin Sanusi Lamido Sanusi

A ranar 20 ga Fabrairu, 2014, shugaba Goodluck Jonathan ya dakatar da Sanusi Lamido Sanusi daga muƙamin gwamnan Babban Bankin Najeriya, saura 'yan watanni wa'adinsa ya cika. Sanusi ya garzaya Babbar Kotun Tarayya a Abuja yana neman a bar shi ya ci gaba da aiki kafin a gama shari'a. Mai shari'a Gabriel Kolawole ya ƙi bayar da umarnin ba tare da an ji ta bakin gwamnati ba. A watan Mayu kuma ya yanke cewa batun na aiki ne, don haka ya tura ƙarar Kotun Ma'aikata. Kafin a kai ga duba halaccin dakatarwar, wa'adin nasa ya ƙare, kuma a ranar 8 ga Yuni, 2014, aka naɗa shi Sarkin Kano.