Aiki Ɗaya, Albashi Biyu: Matsayin Ƙananan Ma'aikatan Makarantun Kwana a Gaban Shari'a



Duk wanda ya yi makarantar kwana ya san cewa ba malaman aji kaɗai ke riƙe da ita ba. Akwai kuku, da maigadi, da lebura, da uwar ɗakin kwanan 'yan mata. A garin Kazaure akwai Kwalejin 'Yan Mata ta Gwamnatin Tarayya, a kewayensa kuma, har zuwa Roni da Gwiwa da Ɓaɓura, akwai makarantun Jihar Jigawa. Tuwon da kuku ke tuƙawa iri ɗaya ne ko'ina, amma albashi ya sha bamban. Abin tambaya a nan shi ne, shin kotu tana iya daidaita su?

Asalin maganar yana komawa ga Hukumar Udoji, wadda aka kafa a 1972, ta miƙa rahotonta a 1974. Ita ce ta jera ma'aikatan gwamnati a kan tsani guda, daga mataki na 01 zuwa na 17, ta kuma sa mafi ƙarancin albashi ya zama naira 720 a shekara. Manufarta ita ce a auna aiki, ba wurin da ake yinsa ba. Amma tafiya ta yi tafiya, kowace jiha ta koma tana biya gwargwadon aljihunta. Daɗin daɗawa, gyare-gyaren da Gwamnatin Tarayya ta soma a 2003 sun fitar da ayyuka irin su shara da gadi daga cikin tsanin, aka miƙa su ga 'yan kwangila. Ta haka ne ma'aikacin dindindin da na wucin gadi suka wayi gari a madafa ɗaya, ɗaya yana da fansho, ɗaya ba shi da ko takarda.

Tsarin Mulkin 1999, a sashe na 17, ya ce a biya lada daidai ga aiki daidai, ba tare da nuna bambanci ba. Sai dai sashe na 6 ya hana kotu tilasta wa gwamnati cika alkawuran babin da wannan magana take ciki. Wato an ba ma'aikaci fura, an riƙe ludayin. Ƙofa ta buɗe ne da gyaran 2010, wanda ya ƙara sashe na 254C, ya danƙa wa Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, wadda aka kafa tun 1976, ikon sauraron ƙararrakin rashin adalci a wurin aiki, tare da la'akari da ƙa'idojin ƙwadago na duniya. A ƙasar Indiya ma, Kotun Ƙoli ta yanke hukunci a 2016 cewa ma'aikacin wucin gadi da ke yin aikin na dindindin ya cancanci mafi ƙarancin albashin wannan mataki.

To, amma a lura da iyakar wannan ƙofa. Hujjar mai ƙara tana da ƙarfi idan mutum biyu suna aiki ɗaya ƙarƙashin ubangida ɗaya. Kukun jiha kuwa da wuya ya ci nasara don kawai takwaransa na tarayya ya fi shi samu, domin iyayen gijinsu daban ne. Abin da ya hau kan kowace gwamnati shi ne mafi ƙarancin albashi na ƙasa, wanda dokar 2024 ta kai naira 70,000 a wata.

Saboda haka makamin farko ba lauya ba ne, takardar ɗaukar aiki ce. Dokar Ƙwadago ta wajabta a ba ma'aikaci sharuɗɗan aikinsa a rubuce cikin wata uku. Ku da za ku riƙe ofisoshi gobe, ku tabbata kowane kuku da maigadi yana da tasa, an kuma rubuta matakinsa a ciki. Gyara kayanka ba ya zama sauke mu raba.