Fanshon Chile: tsarin da Najeriya ta ara, da gyaran da masu shi suka yi masa

A watan Janairun 2025 majalisar dokokin Chile ta amince da wata doka da aka shafe shekaru ana ja-in-ja a kanta: masu ɗaukar ma'aikata za su ƙara kashi 7 cikin 100 na albashin kowane ma'aikaci a kuɗin fanshonsa, ana ƙarawa sannu a hankali. Labarin bai yi amo a nan ba, alhali ya shafe mu, domin tsarin fanshon da Najeriya ta kafa a 2004 daga can aka ɗauko samfurinsa.

Asalin tsarin shi ne wata dokar soja ta 1980, zamanin Janar Augusto Pinochet, wadda ta fara aiki a watan Mayun 1981. Ministan ƙwadago na lokacin, José Piñera, shi ne ya tsara ta. Kafin nan, kuɗin da ake cira daga albashin masu aiki da shi ake biyan waɗanda suka yi ritaya, su ma idan sun tsufa na bayansu su biya su. Irin wannan tsari yana tafiya daidai muddin matasa masu aiki sun fi tsofaffi yawa sosai. Piñera ya kawo wani abu daban: kowane ma'aikaci ya riƙa zuba kashi 10 cikin 100 na albashinsa a asusu mai sunansa, kamfanoni masu zaman kansu da ake kira AFP su juya kuɗin a kasuwar hannun jari, ranar ritaya a ba shi abin da ya tara da ribarsa. An sa wa mutane rai cewa za su riƙa karɓar wajen kashi 70 cikin 100 na albashinsu. Bankin Duniya ya yaba, musamman a rahotonsa na 1994, ƙasashe kuwa suka bi sahu, irin su Peru da Kolombiya da Ajantina da Meziko. Sai dai tun ranar farko gwamnatin sojan ba ta saka sojoji da 'yan sanda a ciki ba, ta bar su a tsohon tsarin da gwamnati ke biya. Wannan kaɗai ya isa ya sa mai hankali ya tsaya ya yi tunani.

A yi adalci, tsarin ya tara dukiya mai yawa a cikin gida, ya ba kamfanonin ƙasar jari, kuɗin mutane kuma bai salwanta ba. Matsalar ta fito ne lokacin da waɗanda suka fara zubi suka kai shekarun ritaya. Asusun mutum ɗaya tamkar asusun ƙasa ne da yaro ke jefa kwabo: ranar fasawa, abin da aka jefa shi za a tarar. Lissafin da aka yi tun farko na mutumin da zai yi shekara 30 ko 40 yana aikin albashi ba yankewa ne. Talakan Chile ba haka rayuwarsa take ba. Bana yana kamfani, baɗi an sallame shi, ya koma tuƙin tasi ko talla a bakin titi, watanni su shuɗe bai zuba ko sisi ba.

Mata su suka fi shan wuya. A ɗauki macen da ta ajiye aiki don renon 'ya'ya, ta dawo a kan ƙaramin albashi, daga baya ta sake tsayawa jinyar uwarta. Doka ta ba ta damar ritaya tana da shekara 60, namiji sai 65. Ke nan ta yi zubi na shekaru kaɗan, sannan da aka zo raba abin da ta tara, sai aka raba shi bisa shekaru masu yawa, saboda ƙididdiga ta nuna mata sun fi maza tsawon rai. Abin da ke shigo mata a wata bai kai mafi ƙarancin albashi ba. Ga shi ƙasar tana tsufa da sauri: mutane na kaiwa wajen shekara 80, haihuwa ta faɗi ƙasa da 'ya'ya 1.5 ga kowace mace, babu tarin 'ya'yan da tsohuwa za ta jingina da su.

Gyaran ya zo daki-daki, kuma kusan kowane mataki sai da jama'a suka matsa. A 2008 Shugaba Michelle Bachelet ta kafa fanshon tallafi daga kuɗin haraji domin kashi 60 cikin 100 mafi talauci. A 2016 dubban ɗaruruwan mutane suka cika titunan Santiyago suna neman a soke kamfanonin AFP. Da annobar korona ta zo, majalisa ta ba mutane izinin cire kashi 10 cikin 100 na ajiyarsu har sau uku tsakanin 2020 da 2021. Wajen dala biliyan 50 suka fita, miliyoyin asusu suka koma wayam. A ganina wannan ɓarna ce babba, amma ta nuna yadda mutane suka yanke ƙauna. A 2022 Shugaba Sebastián Piñera, ƙanin wanda ya tsara dokar 1980, ya sa hannu a kan fansho na bai-ɗaya ga duk wanda ya kai shekara 65, ban da kashi 10 cikin 100 mafi wadata. Dokar 2025 ta gwamnatin Gabriel Boric ba ta rusa asusun ɗaiɗaiku ba. Ta ware wani ɓangare na sabon zubin a asusun haɗaka, wanda zai ƙara wa tsofaffin yanzu gwargwadon shekarun da suka yi zubi, ya kuma cike wa mata giɓin tsawon rai.

Najeriya ba ta kwafi tsarin gaba ɗaya ba. Tun 2004 mai ɗaukar aiki yana zubawa, dokar 2014 kuma ta mayar da shi kashi 10 daga gare shi, kashi 8 daga ma'aikaci, ƙarƙashin kulawar hukumar PenCom. Wanda ya tuna dattawan da suka riƙa faɗuwa a layin tantancewa a tsohon tsari ba zai yi fatan a koma can ba. Amma alamomin Chile sun fara bayyana. An fitar da sojoji daga tsarin a 2011, tsofaffin 'yan sanda sun yi ta zanga-zanga suna neman su ma a fitar da su, hauhawar farashi kuma tana cinye ajiyar shekaru. Masu asusun fansho sun ɗan haura miliyan 10, a ƙasa mai mutum fiye da miliyan 200. Manomi da ɗan kasuwa da tela ba sa ciki, shirin ƙaramin fansho da aka ƙaddamar musu a 2019 kuwa bai yi nisa ba.

Dokar 2014 ta tanadi mafi ƙarancin fanshon da bai kamata mai ritaya ya gaza samu ba, da asusu na musamman da zai ɗauki nauyinsa. A nan ya kamata ƙungiyoyin ƙwadago da 'yan majalisa su sa ido: nawa ne mafi ƙarancin, wa zai zuba kuɗin a kasafin kowace shekara, kuma yaushe zai riƙa shiga asusun malamar firamaren da ta ajiye aiki.